Babi na Shida: Kasagi da Mutanen Bayan Jarumi

A Katsina, in ka ce kana neman labarin Umaru Ɗanjuma, sai an tambaye ka wanne daga ciki, don masu wannan suna suna da yawa. Amma ka ce Kasagi, ko Kasagi na Halima, dattijon da ke kusa da kai zai gyara zama, wataƙila ma ya fara murmushi tun ba ka ƙarasa tambayar ba. Sunan da mutumin ya ɗauka a wasan kwaikwayo ya danne wanda aka raɗa masa ranar suna. Ba shi kaɗai hakan ta samu ba. Usman Baba Pategi ya zama Samanja har ya koma ga Mahaliccinsa. Abdullahi Shu'aibu na Jos ya zama Karkuzu, Rabilu Musa ya zama Ibro, Saratu Giɗaɗo ta zama Daso, Umar Malumfashi kuma ya zama Bankaura.

Duk waɗannan 'yan layi ɗaya ne a cikin sana'ar. Su ne 'yan wasan da ake kira don su fito da wani irin mutum da kowa ya sani a unguwarsu: mai unguwa mai son na goro, alhajin birni, kurtun soja, dillaliya, uwar miji mai baki, uban da ba a ja da maganarsa. Wani lokaci shirin nasu ne kacokan, kamar na Samanja. Galibi dai suna gefe, ba su ne ke auren yarinyar a ƙarshen fim ba, ba kuma fuskarsu ce ke cika fasta ba. Sai dai duk wanda ya bi tarihin wasan kwaikwayon Hausa da idon basira zai ga cewa su ne suka kafa gidan. Jarumi kyakkyawa mai rera waƙa a cikin lambu baƙo ne, daga baya ya zo.

Wanda ya tashi a cikin ganuwar Katsina ya ga asalin abin da idonsa. Daga goma ga watan azumi, in an sha ruwa an natsa, yara kan fito tashe gida-gida a lungunan Yarinci da Rafindadi da Unguwar Alƙali. Ga yaro ɗan shekara goma an manna masa gemun auduga, an cusa masa tsummoki a cikin riga, an ba shi sanda. Da ya shigo zaure sai ya ranƙwafa, gwiwa na rawa, ya yi tari irin na wanda ya daɗe a duniya, ya ɗaga kai a hankali ya dubi matan gida ta ƙasan ido. Babu wanda ya koya masa wannan a aji. Kakansa ya zuba wa ido, ko wani tsoho da ke zama a ƙofar masallaci, ya kwashe tafiyarsa da tarinsa. Matan gida kuwa dariyarsu ta gane wanda ake nufi ce. A tashe babu jarumi. Akwai tsoho, akwai gwauro, akwai mai magani da ƙullin saiwoyinsa, akwai maigida da matarsa suna cacar baki. Haka 'yan kama, waɗanda kan yi shigar malamai, su buɗe baki da muryar mai tafsiri, sai ka kasa kunne ka ji ashe tuwo da miya ake wa sharhi. Kwaikwayon hali shi ne jarin, kuma mai kallo shi ne alƙali, domin ya san na gaskiyar.

Da abin ya shiga takarda ma, a Katsina ya shiga da wannan hali nasa. Abubakar Imam ya yi karatu a Kwalejin Katsina, yana kuma koyarwa a makarantar Midil ta garin lokacin da Rupert East ya shirya gasar rubuta littattafan hira a 1933. Littafinsa, Ruwan Bagaja, yana cikin biyar ɗin da aka buga. Mai labarin Alhaji Imam ne, shi ya fita neman ruwan, shi ya dawo da shi. Amma ka tambayi duk wanda ya karanta littafin a firamare wa ya fi tsaya masa a rai, da wuya bai ce Malam Zurƙe ɗan Muhamman ba. Zurƙe ba shi da wata manufa babba, shi dai duk garin da Alhaji ya sauka sai ga shi ya ɓullo, ko ya rama cutar da aka yi masa ko a sake yi masa wata. In ka cire shi, abin da zai rage tafiya ce mai tsawo da ba ta da gishiri. A ganina, duk wani ɗan wasan Hausa da ya taɓa ƙwace fim daga hannun jarumi jikan Zurƙe ne.

To amma Katsina ba ta da babban gidan rediyo ko talabijin nata a wancan zamani. Lardi ce a ƙarƙashin gwamnatin Jihar Arewa, daga 1967 ta shiga Jihar Arewa ta Tsakiya, wadda aka sauya wa suna zuwa Jihar Kaduna a 1976. Sai ranar 23 ga Satumba 1987 gwamnatin Janar Ibrahim Babangida ta yanke Jihar Katsina. Saboda haka Bakatsinen da ke da baiwar wasa, in yana son a ji shi a wajen ganuwa, hanyar Kaduna zai kama. Can ne Shu'aibu Maƙarfi ya yi wasanninsa na rediyo waɗanda daga baya suka zama littattafan Zamanin Nan Namu da Jatau Na Kyallu. Can ne kuma gwamnatin Sardauna ta buɗe gidan rediyo da talabijin na Arewa a 1962. Wannan gida shi ya yaye zuriyar 'yan wasan da suka riƙe Arewa kafin zuwan bidiyo: Samanja da Hausarsa ta bariki mai haɗe da Turancin soja, Ƙasimu Yero na Zariya wanda aka sani a Karambana da Magana Jari Ce, da sauran tsararsu. Marigayi Umaru Ɗanjuma Katsina ɗan wannan zamani ne, a cikinsa sunan Kasagi ya bi shi.

Yana da kyau mai karatu na yau ya san yadda ake aikin a lokacin, don ya gane irin gwanintar da ake magana. Yawancin wasannin ba a rubuta su kalma da kalma. Mai shirya wasa zai tara mutanensa ya ce ga labari: wane ya ci bashi ya ɓuya, mai bashi zai zo ya tarar da matar, maƙwabci zai shigo ya ɓata rufin asirin. Shi ke nan. Abin da kowa zai faɗa, daga cikinsa zai fito. Wanda ba shi da Hausa a baki, ba shi da karin magana da habaici da zaurance a aljihu, nan take za a gane shi, domin abokin wasansa zai jefo masa magana ya rasa abin mayarwa. A rediyo abin ya fi tsanani, tunda babu fuska babu riga. Dole mai sauraro a Dutsin-ma ko Maraɗi ya gane ka daga gyaran murya kawai, kafin ka ce uffan. Wannan ne ya sa kowannensu ya riƙe hali ɗaya ya yi ta tona shi shekara da shekaru, har jama'a suka daina bambanta mutumin da rigar da ya ara.

Inda Kasagi ya sha bamban da yawancin tsararsa shi ne ya ɗauki alƙalami. A 1979 kamfanin NNPC na Zariya ya buga wasansa Kulɓa Na Ɓarna, daga baya kuma ya fitar da Ai Ga Irinta Nan. Na farkon ne ya yi tashe, ɗaliban Hausa a sakandare da kwalejojin horon malamai suka yi ta karanta shi. Sunan an yanko shi ne daga karin maganar nan da ke cewa kulɓa na ɓarna ana cewa jaba ce, labarin kuwa na mai kuɗi ne da ke hure wa 'yar makaranta kunne da abin duniya. A duba shekarar da ya fito. Kuɗin man fetur sun shigo, an sami sababbin alhazai masu motoci, gwamnatin Obasanjo ta ƙaddamar da shirin ilimin firamare kyauta ga kowa a 1976, iyaye da yawa a Arewa suna ɗari-ɗari da sa 'ya'ya mata a boko don gudun lalacewa. Ana cikin wannan muhawara sai ga ɗan wasan barkwanci ya nuna da yatsa ya ce a dubi wanda ke faka mota a bakin makaranta da yamma. Mutumin da ya shafe shekaru yana nazarin tafiyar alhazan birni da yadda suke gyara hula don ya kwaikwaye su, ba abin mamaki ba ne in ya riga malaman jami'a ganin inda ɓarnar take.

Littafin ya kai har Hukumar Fina-finai ta Nijeriya da ke Jos ta mayar da shi fim a farkon shekarun 1990, Brendan Shehu ya ba da umarni. Fim ne na majigi, irin wanda ake haskawa a silima, a sahun Shehu Umar na Adamu Halilu da ya fito a 1976 da Ƙasarmu Ce na Saddiƙ Balewa. Sai dai ya zo a ƙurarren lokaci. Gidajen silima sun fara mutuwa, kuɗin ɗaukar irin wannan fim ya fi ƙarfin kowa bayan faɗuwar darajar naira, kuma a 1990 ƙungiyar Tumbin Giwa ta Kano ta riga ta fitar da Turmin Danya a kaset ɗin bidiyo. Kasuwa ta juya.

Juyin bai yi wa su Kasagi daɗi ba. Gidan talabijin na gwamnati albashi yake biya ko alawus, ba ruwansa da ko fuskarka za ta sayar da kaset. 'Yan kasuwar Ƙofar Wambai kuwa kuɗinsu suka zuba, abin da suke tambaya shi ne wa ke kan kwali. Da Sangaya ya fito a 1999 ya yi kasuwar da ba a taɓa gani ba, sai kowa ya gane cewa saurayi da budurwa da waƙa su ne ke kawo kuɗi, salon da masu kallo suka saba da shi daga finafinan Indiya. Dattawan da a da shiri ke tafiya a kansu suka koma masu fitowa a matsayin iyaye. Barkwanci kuma aka ware masa nasa layin, wanda ake kira camama, inda Ibro, tsohon ma'aikacin gidan yari daga ƙasar Wudil, ya yi sarauta har rasuwarsa a Disambar 2014.

Ga yadda ranar aikin mai fitowa a uba take a lokeshan, kuma duk wanda ya taɓa leƙawa ya ga irinta. Dattijo zai iso da hantsi a bayan ɗan acaɓa ko cikin a-daidaita-sahu, babbar rigarsa da hularsa a cikin leda, don sau da yawa shi ke zuwa da kayansa. Zai zauna a inuwa yana jira a gama da jarumai. Can wajen la'asar darakta zai zo ya durƙusa ya ce, "Baba, ga abin da ake ciki. 'Yarka ta kawo wanda take so, kai kuma ka riga ka yi wa ɗan amininka alkawari. Ka nuna mata ba ta isa ba." Dattijo zai ce, "To, ɗana. Da faɗa kake so ko da sanyi?" In an ce da sanyi, sai ya zauna a kan kujera, ya bar yarinyar ta gama kukanta, ya ɗauki carbi ya ja ƙwaya biyu uku bai dube ta ba, sannan ya kira sunanta sau ɗaya, ƙasa-ƙasa. Shirun nan da ya yi kafin ya buɗe baki, shi ne abin da zai sa matar da ke kallo a Ƙofar Marusa ta tuna nata uban, gabanta ya faɗi. Ba ya cikin takarda, darakta ma bai nema ba. A sin uku ko huɗu an gama da shi, a sallame shi, gobe yana wani gidan yana uban wata.

Wanda ya nuna cewa wannan layi bai mutu ba shi ne wani ɗan Jihar Katsinan, Umar Malumfashi. Ya daɗe a harkar ana kiransa Bankaura, ya fito a finafinai masu yawa a matsayin uba ko attajiri ko mai mulki. Sai da tashar Arewa24, wadda ta fara aiki a 2014, ta kawo shirin Kwana Casa'in a 2019, sannan yaran da ba su san zamanin kaset ba suka san shi. Shirin na siyasa ne, a wata jiha ta ƙirƙira mai suna Alfawa, Sani Mu'azu yana Gwamna Bawa Maikada. Malumfashi ya fito a Yakubu Kafi Gwamna, irin mutumin nan da babu wanda ya zaɓe shi amma ba a yanke shawara sai da shi. Duk wanda ya taɓa zama a falon wani babban ɗan siyasa a Arewa ya san irinsa, ya san yadda yake magana a hankali don ya tabbata za a saurara. Dogon shiri mai zango-zango ya dawo wa irin waɗannan 'yan wasa da abin da fim ɗin awa biyu ya ƙwace musu, wato lokaci. Hali ba ya nuna a sin uku, sai an yi makonni ana tare. Malumfashi ya rasu a Kano ranar 27 ga Satumba 2022, yana tsakiyar wannan sabon tashe.

A shekarar ce kuma maganar kuɗi ta fashe. A watan Fabrairu, Ladin Cima, wadda tsofaffin masu kallo suka sani da Tambaya, ta shaida wa BBC Hausa a shirin Daga Bakin Mai Ita cewa 'yan dubbai kaɗan ake ba ta in ta yi aiki, har ta ambaci naira dubu biyu. Masana'antar ta ɗauki zafi. Ali Nuhu da Falalu Ɗorayi suka fito suka ce su dai sun biya ta fiye da haka nesa ba kusa ba, wasu kuma suka yi bayanin cewa ana biya ne gwargwadon yawan sin ɗin da mutum ya yi. Mai yiwuwa kowa gaskiyarsa ya faɗa. Amma bayanin da aka kawo don kare kai shi ne ainihin ciwon. In da sin ake auna mutum, to wanda ya shekara arba'in yana koyon yadda zai girgiza mai kallo a minti biyu shi zai fi kowa cutuwa, don gwanintarsa ita ce ta rage masa yawan aikin. Babu kaso daga cinikin fim, babu fansho, babu inshorar lafiya. Shi ya sa kusan duk shekara sai an ga bidiyon wani tsohon ɗan wasa a kan gadon asibiti ana nema masa taimako a Facebook.

Ba a ƙasar Hausa kaɗai ake da irin waɗannan 'yan wasa ba, kuma ko'ina su ne ake tunawa. Masu kallon Indiya a nan sun manta sunayen jarumai da yawa, amma ba su manta Amjad Khan a Gabbar Singh na fim ɗin Sholay na 1975 ba, ko Amrish Puri da muryarsa. A Jamus akwai Gert Fröbe, wanda aka haifa a 1913 ya rasu a 1988, mutum mai jiki da faffaɗar fuska. Ya fito a mai kashe yara a wani fim na 1958, daga nan masu shirya finafinan James Bond suka ɗauke shi ya zama mugun attajirin nan Goldfinger a 1964. Turancinsa bai nuna ba, sai da aka sa wani ɗan wasan Ingila ya ɗora murya a kan tasa, amma duk da haka tsayuwarsa da kallonsa sun isa, har gobe ana lissafa shi cikin manyan bos-bos na silima. Abin da ya kamata mu duba a Jamus shi ne abin da ke ƙarƙashin ɗan wasan. Birane da jihohi suna ɗaukar nauyin gidajen wasan daɓe, inda ake ɗaukar 'yan wasa aiki da albashi. Gidajen talabijin na gwamnati suna da shirye-shirye masu dogon rai, kamar Tatort na 'yan sanda da ake yi tun 1970, wanda kowace fitowa sai ya nemi sababbin masu laifi da shaidu da maƙwabta. Tun 1983 kuma akwai asusun da ke biya wa masu fasaha masu zaman kansu kusan rabin kuɗin inshorar lafiya da fansho, daga harajin da ake karɓa a hannun kamfanonin da ke cin moriyar aikinsu da kuma tallafin gwamnati. Ba sai mun kai su arziki ba kafin ƙungiyoyin 'yan fim su yanke wani abu daga kowane shiri su ajiye wa dattawansu.

Akwai asarar da ta fi ta kuɗi. Kaset ɗin da gidajen talabijin ke ɗaukar shiri a kai a wancan zamani tsada gare shi, akan goge tsohon shiri a ɗora sabo, wanda ya tsira kuma zafi da ƙura suna cin sa a sito. Saboda haka Kasagin da ya fi sauƙin samu a yau shi ne na cikin littafi, marubuci. Kasagi ɗan wasa, mai murya da motsi, wanda ya sa aka manta Umaru Ɗanjuma, yana cikin ƙwaƙwalwar mutanen da suka haura sittin, su ma kullum raguwa suke. Tsohon ginin Kwalejin Katsina inda Imam ya yi karatu yanzu gidan adana kayan tarihi ne, jihar tana da Hukumar Tarihi da Al'adu, tana da gidan talabijin nata, ga kuma masu nazarin Hausa a Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa. A tsakaninsu ba za a rasa wanda zai je Kaduna ya bincika abin da ya rage a ma'ajiyar rediyo da talabijin ba, ya zauna da abokan aikin waɗannan mutane da na'urar ɗaukar magana tun suna da ƙarfin ba da labari. Kai kuma mai karatu, in akwai tsohon kaset na Kasagi ko Samanja ko Tambaya a ƙasan akwatin gidanku, ka fito da shi a juye shi a kwamfuta tun zaren bai manne ba.